Da Kai Da Kaya Duk Mallakar Wuya Ne

Magabata sun ce da kai da kaya duk mallakar wuya ne. Mun saba jawo wannan karin magana idan ana zancen iko: ɗa ya yi arziki ya fara ɗaga hanci, sai a tuna masa cewa shi da dukiyarsa duk na uban da ya haife shi ne. Ba kasafai muke tsayawa mu dubi maganar a zahirinta ba, alhali wanda ya fara furta ta, ko wane ne shi, ya san jikin ɗan Adam sani na gaske. Kan baligi yana da nauyin kilo 4 zuwa 5, kuma wuya ne ke riƙe da shi tun daga asuba har lokacin kwanciya. Idan aka aza wa kan tulu ko buhu, wuyan ne dai ke karɓar ƙarin. Amma ranar da ciwo ya zo sai mu ce kai ke ciwo, mu ɗaure shi da kallabi, mu shafa masa man zafi, mu haɗiyi magani dominsa, shi kuwa wuya ba mai tambayar lafiyarsa. Akwai wani nau'in ciwon kai da gidansa na ainihi yake a wuya, kuma hannun gwani da motsa jiki na ƙa'ida sun fi ƙwaya yi masa aiki. Ta dalilin mahaifiyata na san haka, kuma ina ganin mu mutanen zango mun fi kowa bukatar jin wannan magana.

Dalilina shi ne, kaya ne suka kawo mu ƙasar nan. Kakanninmu fatake sun daɗe suna kai da kawowa tsakanin Kano da Salaga ta ƙasar Gwanja, su zo da kanwa da fatu da tufafin rini, su koma da goro, tafiya ta watanni, jakuna a gaba, 'yan dako a biye kowa da gammonsa. Da yaƙin basasar Salaga na 1892 ya watsa kasuwar, sai jama'a suka bazu, wasu suka sauka Kete-Krachi, wasu Kumasi, wasu suka gangara har Accra, wadda tsofaffinmu ke kira Ankara. Cikin kalmomin da muka ba ƙasar aro har da ita kanta kalmar kaya. 'Yan matan da ke dako a Makola da Agbogbloshie ana ce musu kayayei, rabin sunan namu ne, rabin na mutanen Ga, ma'anarsa matan kaya. Injin niƙa kowa na ce masa nikanika. Kokon da ma'aikaci ke karya kumallo da shi kafin ya hau mota, ko wace ƙabila ce ta dama shi, sunan Hausa yake amsawa. Muna alfahari da waɗannan kalmomi, kuma ya dace mu yi. Sai dai a bayan kowacce daga cikinsu akwai mace da daro a ka.

Mahaifiyata, wadda dukanmu ke kira Mma, ta yi shekara 30 da ɗoriya tana sayar da koko da ƙosai a Aboabo, nan Kumasi. Mai saye ludayi da kofi kawai yake gani. Aikin da ba ya gani ya fi yawa: a kai jiƙaƙƙen gero nikanika a dawo da ƙullu, a ɗebo ruwa daga famfon unguwa, a shigo da buhun gawayi, sannan a fitar da babbar tukunyar koko daga tsakar gida zuwa bakin titi tun kafin maza su fito daga masallaci. Duk a ka. Tana taƙama da cewa ba ta sa hannu ta tallafi kaya in tana tafiya, kuma ba ta taɓa zubar da ko ludayi ɗaya ba. Da wannan sana'a ta biya mana kuɗin makaranta, ta boko da ta allo.

Ciwon ya fara zuwa mata a hankali kamar baƙo mai kunya, har ya zama ɗan gida. Kullum ɓangaren dama yake kamawa, bai taɓa ƙaura zuwa hagu ba. Yakan tashi daga ƙeya, daidai inda ƙoƙon kai ya haɗu da dokin wuya, ya bi ta bayan kunne ya haura, ya zo ya zauna a saman ido. Ba ya bugawa, nauyi ne mai ci a hankali, wani lokaci rabin yini, wani lokaci kwana biyu. Yana da lokutan da ya fi so: bayan ta daɗe a sunkuye tana tsintar wake, bayan doguwar tafiya a mota zuwa Techiman sayen gero, da safiyar da ta kwana a kan matashi mai tudu. Duk waɗannan alamu a fili suke, amma a gidanmu sunan abin "ciwon kan Mma", suna kuwa yakan ja ido zuwa inda ya nuna.

An bi hanyoyin da kowane gidan zango ya sani. An fara da farasitamol, da ya daina ji aka koma ibufurofen da diklofenak daga shagon magani na bakin layi. An auna jini aka ce bai hau ba. An yi gwajin zazzaɓin cizon sauro ya fi a ƙirga. An yanka mata tabarau, ta koma ganin kafar allura sarai, ciwon bai gusa ba. Wanzami ya zo ya yi mata ƙaho a ƙeya, ta sami sauƙin kwana biyu. In za a yi adalci, cikin duk waɗanda suka taɓa ta a shekarun nan shi kaɗai ne ya kai hannunsa kusa da inda matsalar take. Da aka rasa bayani sai zuciya ta ƙirƙiro nata. Wata maƙwabciyarmu, wadda suka yi zaman arziki na shekaru da Mma, ta fara sayar da koko a ƙarshen layinmu daidai shekarar da ciwon ya tsananta. Ba wanda ya fito ya kira sunanta, amma gaisuwa ta gajarta, kwanon abinci ya daina ƙetare katanga, yaran gidajen biyu suka gane abin da ba a faɗa musu ba. Ciwon da ba a san asalinsa ba yakan ci jikin mai shi, ya kuma ci zumunci.

Ciki ne ya kai mu ga bakin zaren. Magungunan kashe raɗaɗi irin su diklofenak suna cin bangon tumbi idan an daɗe ana sha, suna kuma wahalar da ƙoda. Da zafin ciki ya fara hana ta barci muka kai ta asibitin gwamnati. Likitan da ya duba ta, bayan ya rubuta maganin gyambon ciki, ya tambayi abin da ya sa take shan ƙwayoyi haka. Ta nuna masa da yatsa hanyar da ciwon ke bi, tun daga ƙeya har ido. Sai ya ce ta waiwaya hagu, ta waiwaya dama. A hagu haɓarta ta kai kusa da kafaɗa. A dama ta tsaya rabin hanya, ta ƙarasa da juya ƙirji gaba ɗaya. Ta yi dariya ta ce ai haka take sallame salla shekara da shekaru, ta ɗauka tsufa ne. Ya rubuta mana takarda zuwa sashen gashin ƙashi. A hanyar gida ta ce da ni, "Kai yaron nan, ka ji likitanku? Ciwon kai na kawo masa, ya tura ni wurin masu shanyewar ɓarin jiki. Ƙashina lafiyarsa lau." Na ce, "Mma, mu je dai mu gani, tunda katin inshora ya ɗauka."

Likitar fisiyon da muka tarar matashiya ce, Batoniya, sa'ar ƙanwata. Mma ta iya Tonancin kasuwa, don haka ba a bukaci tafinta ba. Ta yi kusan rabin sa'a tana tambayoyi kafin ta taɓa ta: ko tana jin jiri, ko ta taɓa faɗuwa ko haɗarin mota, ko tana gani biyu-biyu, ko hannu yana mutuwa, ko tana rama ba dalili. Tambayoyin tankaɗe ne, domin a ware cututtukan da bai halatta a murza wuya a kansu ba. Daga nan ta kwantar da ita rigingine, ta tallafi kanta da hannu biyu, ta sunkuyar da shi har haɓa ta kusa taɓa ƙirji, sannan ta juya shi a hankali hagu da dama. A wannan yanayi ƙasusuwan ƙasa sukan kulle, gaɓar sama kaɗai ke motsi, kuma mai lafiya yakan juya kusan digiri 45 kowane ɓangare. Na Mma ya cije a dama tun bai yi nisa ba. Sai likitar ta sa babban yatsa a wani ɗan gurbi ƙarƙashin ƙeya ta danna kaɗan. Mma ta zabura ta dafe saman idonta, ta manta da Tonanci ta ce da Hausa, "Shi ne! Wallahi shi ne. 'Yar nan, yaya kika taɓa baya na ji a gaba?"

Amsar tambayarta tana cikin yadda aka halicci wuya. Ƙasusuwansa 7 ne, ɗaya bisa ɗaya. Na farko zobe ne wanda ƙoƙon kai ke zaune a kansa. Na biyu yana da ɗan turke da ya shiga cikin zoben, a kansa zoben ke kewayawa, kuma kusan rabin duk waiwayen da mutum ke yi a wannan gaɓa ɗaya yake faruwa. Jijiyoyin da ke ɗauko saƙon ciwo daga gaɓoɓi uku na sama da tsokokin da ke kewaye da su suna shiga laka, su sauka wuri ɗaya da babbar jijiyar da ke kawo saƙo daga goshi da ido da fuska. Mu da muka san ma'anar zango ba za mu sha wahalar gane wannan ba: ayari biyu ne daga hanyoyi daban suka sauka masauki ɗaya, labarinsu ya cakuɗe kafin ya isa fada. Ƙwaƙwalwa ta sami saƙon ciwo daga wannan masauki, sai ta jingina shi ga goshi da ido, alhali daga ƙeya ya taso. Ashe shekara da shekaru an bar jaki ana dukan taiki.

Masana sun san da wannan cuta, ko da yake sunanta bai tsufa ba. Wani likitan ƙwaƙwalwa ɗan ƙasar Norway, Ottar Sjaastad, shi da abokan aikinsa suka raɗa mata suna a 1983, sunan da ma'anarsa ita ce ciwon kai mai tasowa daga wuya. A 2002 kuma Gwendolen Jull ta Jami'ar Queensland a Ostareliya ta wallafa sakamakon gwajin da aka yi da mutum 200 masu irin wannan ciwo. An kasa su kashi huɗu: wasu aka yi musu aikin hannu a gaɓoɓin wuya, wasu aka koya musu motsa jiki mai sauƙi, wasu aka haɗa musu biyun, wasu aka bar su don kwatance. Mako 6 kacal aka yi ana jinyar. Kashi ukun da aka yi wa aiki duk ciwonsu ya ragu, a yawan zuwansa da kuma ƙarfinsa, kuma da aka sake duba su bayan shekara guda sauƙin yana nan. Abin da aka yi wa Mma a Kumasi a kan wannan tsari ya tafi.

Sunan gashin ƙashi yana sa mutum ya zaci wuta da fitila. An ɗora mata ƙunshi mai ɗumi, gaskiya ne, amma wannan share fage ne kawai. Ainihin aikin kashi biyu ne. Na farko na likita ne: ta sa yatsu a kan gaɓar da ta cije tana turawa a hankali tana saki, kamar mai lallashin ƙofar da damina ta kumbura, ba fizga, ba ƙara. Na biyu na mai ciwo ne, kuma shi ya fi bukatar haƙuri. A gaban ƙasusuwan wuya, can bayan maƙogwaro, akwai ƙananan tsokoki masu riƙe kai daidai. A masu irin wannan ciwo sukan yi rauni, sai manyan tsokokin waje su karɓi aikin da ba nasu ba, su yini a ɗaure. An koya wa Mma ta kwanta rigingine, ta sa ɗan tawul a ƙarƙashin kai, ta gyaɗa kai kaɗan kamar amarya mai amsa wa surukinta, ta riƙe tana ƙirga goma, ta saki, sau goma, safe da yamma. An koya mata janyo allon kafaɗa baya da ƙasa, da zama a miƙe tun daga ƙugu. An ce ta rage tudun matashi, a ɗaga mata murhun suya don kada ta riƙa kifewa a kansa, kuma in tana tsintar wake ta riƙa miƙewa tana waiwayawa duk bayan ɗan lokaci.

Ta raina abin ƙwarai da farko. Matar da ta ɗauki buhun gawayi a ka, a ce maganinta gyaɗa kai a kwance! Ta ce, "Wannan ai wasan yara ne, ko gumi ba a yi." Amma ranar farko kafin ta ƙirga goma wuyan ya ɗauki rawa, kuma haushin haka ya sa ta dage. Ƙanwata ta rataya kalanda a ɗakinta, duk ranar ciwo a sa alama da biro. A watan farko ranakun alama sun fi farare yawa. A wata na uku ana iya ƙirga su da yatsun hannu ɗaya. Ciwon bai tafi gaba ɗaya ba, har yau yakan leƙo idan ta yi sakaci da motsin ko ta yi doguwar tafiya, amma yanzu ta san ƙofar da yake shigowa, ta kuma san yadda ake rufe ta. Ta daina sayen ƙwaya, cikin ya lafa. Wata Juma'a kuma, ba tare da ta yi shawara da kowa ba, ta zuba tuwon zafi da miyar ayoyo a kwano ta ba jikarta ta ce a kai wa maƙwabciya. Kwanon ya dawo da wake da shinkafa a ciki. Ba a yi wani jawabi ba, daga ranar gaisuwa ta koma tsawonta na dā.

A nan dole in ja hankalin mai karatu, kada wani ya karanta wannan ya yanke wa kansa hukunci. Ciwon kai iri-iri ne, kuma mai tasowa daga wuya ba shi ne ya fi yawa ba. Ciwon ɓarin kai da likitoci ke kira migiren shi ma yakan kama gefe ɗaya, yakan kuma sa wuya ya ɗaure, amma shi yana bugawa, yana zuwa da tashin zuciya da ƙin haske da ƙara, yana iya sauya gefe, maganinsa kuma daban. Akwai kuma ciwon kan da ba a kai shi wurin tausa ko kaɗan, asibiti ake nufa a take: wanda ya faɗo farat ɗaya kamar tsawa; wanda ya zo da zazzaɓi da ƙagewar wuya, musamman ga wanda ya dawo daga arewa da rani, domin arewacin ƙasar nan yana cikin yankin da sanƙarau ke ɓulla; wanda ya zo da karkacewar baki, ko nauyin harshe, ko mutuwar hannu da ƙafa; wanda ya biyo bayan faɗuwa ko haɗarin babur; na mai juna biyu da jikinta ya kumbura; da sabon ciwon kai ga wanda ya haura shekara 50. Haka nan al'adar da wasu masu aski suka ɗauko ta murɗe wa mutum wuya har ya yi ƙara, a guje ta. Jijiyoyi biyu masu kai jini ga bayan ƙwaƙwalwa ta cikin ramukan ƙasusuwan wuya suke ratsawa, kuma fizgar wanda bai koyi aikin ba tana iya yaga su, ko da yake ba kullum hakan ke faruwa ba.

Ita ma ƙwaya tana da nata tarkon. A ƙa'idar masana ciwon kai, wanda ke shan farasitamol ko ibufurofen kwana 15 ko fiye a wata, har sama da wata uku, maganin da kansa yana iya komawa mai haddasa ciwon. Ga masu ƙarfi irin su tiramadol kwana 10 sun isa. Mun ga abin da tiramadol ya yi wa samarin unguwanninmu, kuma wasunsu ba don maye suka fara ba, 'yan dako ne da masu tura baro da ke neman abin da zai kai jikinsu yamma. Ƙwaya tana rufe wa ciwo baki na 'yan sa'o'i, gaɓar da ta cije kuwa tana nan yadda aka bar ta.

Shin ɗaukar kaya a ka aibi ne ke nan? Ban ce ba. Gwaninta ce ta gaske, har masana sun auna ta. A 1986 wani bincike a Kenya ya nuna matan Luo da Kikuyu suna iya ɗaukar kayan da suka kai kashi ɗaya cikin biyar na nauyin jikinsu ba tare da ƙarin wahalar jiki ta bayyana a ma'auni ba. Amma sauƙin numfashi daban, lafiyar gaɓa daban. A 1994 likitoci biyu 'yan ƙasar nan, Jumah da Nyame, sun duba hotunan wuyan marasa lafiya, suka ga zaizayar ƙashin wuya ta fi yawa ainun a masu ɗaukar kaya a ka. Wuya yana da ƙarfi, yana kuma son motsi; abin da ke gajiyar da shi shi ne kaya fiye da kima da daɗewa a yanayi ɗaya. Shi ya sa wanda bai taɓa naɗa gammo ba ma bai tsira ba: telan da ke kife a kan keke daga safe har tsakar dare idan salla ta gabato, da mai kitso, da direban da ke jigila tsakanin Kumasi da Bawku, da ɗalibin da ke yin sa'a uku a sunkuye kan waya.

Likitar ta ce Mma ta rage kaya, ba ta ce ta bar sana'a ba, domin ta san ba za a ji ba. Gawayi yanzu aboboyaa ke kawowa har bakin layi. Amma babur mai ƙafa uku ba ya shiga lungunmu, ba ya kuma shiga cikin Kejetia, don haka sai da 'yar dako, irin waɗanda a nan Kumasi ake kira paa-o-paa. Yarinyar da ta zama tamu daga arewa ta zo, shekarunta ba su wuce na jikar Mma ba, kuma kusan kowace yamma ana ganinta da tsumma ɗaure a goshi. Kayan da aka sauke daga kan mahaifiyata ba su ɓace ba, wuya kawai suka sauya. Mma ce ta fara faɗin haka, ita ce kuma ta kafa doka a gida: a raba wa yarinyar kaya gida biyu a biya ta sahu biyu, kuma ba ta ɗauka ba ta saukewa sai an kama mata, domin a lokacin azawa da saukewa ne wuya ke murɗewa da nauyi a kansa. Ta kuma shimfiɗa mata tabarma a tsakar gida ta koya mata gyaɗa kan da ita aka koya mata. A kasafin kuɗin 2017 gwamnati ta soke harajin da ake karɓa daga kayayei a kasuwanni, kuma abu ne mai kyau. Sai dai nauyin da ke cikin daro ba gwamnati ke zuba shi ba, mu masu saye ne. Sau nawa muka tsaya muna ciniki a kan sidi biyu da yarinyar da za ta ɗauki abin da mu biyu ba za mu iya ɗagawa ba? Mutanen da kakanninsu suka shigo ƙasar nan da gammo ya kamata su fi kowa tausayin mai gammo.

Ga wanda ya ga kansa ko wani nasa a cikin wannan bayani, hanyar ba ta da nisa. Manyan asibitocin koyarwa, Komfo Anokye a Kumasi, da Korle Bu a Accra, da na Tamale, duk suna da sashen fisiyo, kuma jinyar fisiyo ta je-ka-dawo tana cikin abin da inshorar lafiya ta ƙasa, wadda aka kafa a 2003, ta ɗauka. In an je gaban likita kada a tsaya ga cewa kai ke ciwo. A faɗi inda ciwon ke farawa, da gefen da yake kamawa, da aikin da ke tayar da shi, da yawan ƙwayoyin da ake sha a mako. Tsohon da Turanci ko Tonanci ba su zauna masa a baki ba a raka shi, domin a irin wannan cuta rabin gano ta yana cikin labarin da mai ita ya bayar. Yaranmu masu neman karatun kiwon lafiya kuma su sani ba likitanci da aikin jinya kaɗai ne fage ba. Zango yana bukatar likitan fisiyon da zai ce da tsohuwa "Mma, waiwayo" da harshen da take mafarki da shi. Kafin Allah ya kawo wannan rana, kowa ya lura da iyayensa idan sun zo sallame salla, ya ga ko da wuya suke waiwayawa ko da ƙirji.

Allah ya ba marasa lafiyarmu lafiya, na gida da na asibiti, ya saka wa iyayenmu mata da alheri a kan abin da suka ɗauka dominmu.